Takarda ta Goma Sha Biyu

Tun ranar da aka zo neman auren jikata Zainabu kuke yi mini kallon wanda tsufa ya fara taɓa wa kai. Kai Kabiru, kai ne ka zaro takardar gwajin jinin yaron nan mai nemanta daga aljihu, a cikin zaure, gaban baffanninsa da maƙwabta, ka gyara zaman tabarau za ka karanta wa jama'a sai ka ce sanarwar hakimi. Na daka maka tsawa na ce ka mayar da ita inda ka ɗauko ta. Ka mayar, amma na ji abin da ka gaya wa ƙannenka a tsakar gida, don ƙafafuna ne suka gaji, kunnena yana nan garau. Ka ce Baba mutumin da ne, bai yarda da gwajin sikila ba. Ni ne ban yarda da gwaji ba? Ni da na loda mutane a bayan a-kori-kura, mu goma sha biyu, na kai su Sakkwato aka ɗebi jininsu tun kana yawo ba wando? Abin ya ƙona mini rai har na kasa cin tuwo ranar. Shi ya sa na tsallake labarin makarantar aikin dabbobi da na yi niyyar rubutawa a littafin nan, na zo kan shekarar bushiya, annobar nan ta shanu, don ku san dalilin tsawar, ku kuma san abin da ya sa Goggonku Balki ta yi shekara da shekaru tana gaishe ni daga bakin ƙofa, ba ta cin abincin gidana.

Kun san Babanmu ya bar kiwo tun yana saurayi ya zauna Anka yana noma. Ƙanensa, Baffa Buba, shi ya tsaya kan shanu a rugarsa ta bakin gulbi, kusa da Gummi. Zumunci bai yanke ba, aure ma ya ƙara ɗaure shi. Ni na auri 'yar Baffa, wato Innarku, bayan shekara biyu kuma ɗansa Manu ya auri ƙanwata Balki. Kada wani ya zo ya ce muku haɗa su aka yi. Tun suna yara, in Manu ya rako shanu kasuwa sai a neme shi a rasa, a same shi a ƙofar gidanmu da hularsa cike da kanya ya kawo mata. Mutum ne da za ka yini tare da shi bai yi maka magana goma ba, amma in Balki na wurin sai bakinsa ya buɗe, har dariya yake yi da ƙarfi. Mu kanmu muna tsokanarsa a kan haka.

Cikin shekara bakwai suka binne 'ya'ya uku. Duk hanya ɗaya suka bi. Yaro zai zo da kyansa, ya yi ɓul-ɓul, daidai lokacin rarrafe sai hannuwa da ƙafafu su kumbura, ido ya yi rawaya, in sanyin damina ya sauka ya yi ta tsala ihu ba a san inda ke yi masa ciwo ba. Babu wanda ya cika shekara uku. Matan ruga suka zauna suka yanke hukunci cewa Balki mugun nono gare ta. Shugabar wannan kotu kuwa ita ce Inna Tumba, matar Baffa, uwar Manu, surukata ni ma, mace mai kirki in ana maganar abinci, amma in ta kafe a kan magana ko jaki sai ya sara mata. Da Balki ta haifi ta huɗu, Hajo, kwana uku da haihuwa Inna Tumba ta sa aka tatsi nononta a ɗan ƙoƙo, aka kamo tururuwa aka jefa a ciki. Ƙa'idarsu ita ce in tururuwa ta fito, nono na da kyau, in ta mutu, nonon ne ke kashe yara. Tururuwa ta mutu. Ranar suna na zo daga Bukkuyum, inda nake aikin malamin dabbobi, na tarar ana ɗura wa jaririya madarar akuya da ludayi, uwarta na gefe an ɗaure mata ƙirji da zane, tana kurɓar wani jiƙo mai ɗacin da tun daga nesa kake jin warinsa.

"Inna," na ce, "yanzu tururuwa ta likitanku?"

"Ta mutu ko ba ta mutu ba? Gaban mata bakwai anka sa ta, ko shurawa ba ta yi ba."

"To ai ko ni kunka jehwa cikin ƙwaryar nonon da tah hi ni zurhi, mutuwa za ni yi!"

"Kai dai malamin shanu na. Tahi ga shanu."

Na fita ina huci. Balki ta aiko aka kira ni bayan bukka, ta yi mini magana a hankali, idonta a ƙasa.

"Yaya, don Allah bar su. Magani na sunka ba ni. Sun ce in na sha wata ukku nono shi gyaru, haihuwa ta gaba in shayar. Ina nan ɗakina, Manu bai ce mani komi ba. Bar shi hakanan."

Ku lura da wannan magana, don ni ban lura da ita ba. Abin da kunnena ya ji shi ne an danne ƙanwata har ta yarda da laifin da ba nata ba. Ban ji cewa roƙona take yi ba. A lokacin ina da shekara talatin da 'yan kai, ina da babur na gwamnati da jakar allurai, kuma a ganina duk wani duhun kai da ke tsakanin Anka da Gummi ni aka aiko in yaye shi.

Malamin asibitin Bukkuyum abokin hirata ne, muna zama benci ɗaya da yamma. Da na kwatanta masa yadda yaran suka mutu, bai bari na ƙarasa ba ya ce wannan amosanin jini ne, wanda ake kira sikila. Ya ce babu ruwan nono a ciki, gado ne, kuma sai uba da uwa duk suna ɗauke da shi yake kama ɗa. Ya ce a babban asibiti a Sakkwato akwai gwajin da ke nuna kowa da irin jininsa: mai AA ba ya ɗauke da komai, mai AS yana ɗauke da abin amma lafiyarsa lau, mai SS shi ne marar lafiyar. Ranar na koma gida kamar an yi mini albishir da kujerar Makka. Na samu sandar da zan fasa ƙoƙon tururuwar Inna Tumba.

Da shekarar lafiya ce, babu mai iya ɗaga Baffa daga cikin shanunsa ya kai shi birni a soka masa allura. Amma shekarar nan bushiya ta shigo ta yi wa garkuna ɓarna. Akwai makiyayan da suka wayi gari da sanda kawai. Ni kuwa tun da jita-jita ta fara na matsa wa Baffa, da faɗa da lallashi, na yi wa garkensa rigakafi kaf. Ya rasa 'yan kaɗan, sauran suka tsira. Daga nan maganata ta zama maganar malami a rugar nan. In na ce gishiri zaƙi gare shi, Baffa zai ce a ɗanɗana a gani. To da wannan farin jini na yi amfani. Da Hajo ta kai wata tara, bayan an yi girbi, na ce kowa ya shirya. Baffa da Inna Tumba, Manu da Balki da jaririyar, ƙannen Manu uku da matan biyu daga cikinsu, Innarku, sai ni. Ban tambayi ko mutum ɗaya ko yana so ba. Innarku ta ce ita me ya kawo ta ciki, 'ya'yanta uku ga su nan suna tsalle, na ce a tafi dai, ai sai an ga na gida ya miƙa hannu sannan sauran za su miƙa. Inna Tumba ta yi amai tun daga Gummi har muka shiga birni, tana yi tana tsine wa boko.

Bayan mako guda na koma ni kaɗai karɓo sakamako. Ma'aikacin ɗakin gwajin, wani dattijo mai furfura a gemu, ya ƙirga takardun ya miƙo mini, amma bai saki ba. Ya tambaye ni ko duk waɗannan mutane sun san abin da aka gwada. Na ce ni na sani, ai ya wadatar. Ya ce in ba kowa tasa a gefe, in yi masa bayani shi kaɗai, mata da miji kuma a zaunar da su su biyu, don wannan takarda tana da nauyi. Na ce to, na gode. A raina kuwa cewa na yi, ji mutumin birni. Mu a wurinmu wa ya taɓa karanta takarda a ɓoye? Takardar haraji, takardar alkali, wasiƙar ɗan da ya tafi ci-rani, duk gaban babba ake buɗe su, mai karatu ya ɗaga ya karanta kowa ya ji. Wanda ya karanta takarda a lungu, munafuki ake ce masa. Ban da haka ma, ai a gaban mata bakwai aka kunyata Balki, don haka a gaban jama'a zan wanke ta.

A tasha, ina jiran mota ta cika, na buɗe su. Balki AS, Manu AS, kamar yadda abokina ya faɗa. Hajo AA. Baffa AA. Da na ga ta Inna Tumba, AS, sai da na yi dariya har na kusa da ni ya waiwayo. Innarku AS, na ce to, gadon uwa. Ta ƙarshe tawa ce, ita ma AS. Na duba, na sake dubawa, na goge ido na duba sunan da ke sama ko an yi kuskure. Ba a yi ba. Sai na lallashi kaina. Ai 'ya'yana uku lafiyarsu lau, wannan ma hujja ce mai kyau. Zan bar tawa a ƙarshe, in ɗaga ta in ce ku duba, ni ma haka nake, ba abin kunya ba ne. Wallahi da wannan niyya na hau mota.

Bayan la'asar aka taru a gindin tsamiyar da ke gaban rugar, maza a kan buzu da tabarmi, mata daga baya, har da maƙwabtan da babu wanda ya gayyace su. Na tsaya a tsakiya. Kowace takarda sai na ɗaga ta sama kowa ya gani, in kira suna, in faɗi abin da ke ciki. Da na zo kan ta Inna Tumba na ƙara murya, na maimaita sau biyu, Allah ya yafe mini. Na karanta goma sha ɗaya, tawa tana hannun hagu a ninke. Sai na ga idanu sun yi mini zuru, babu wanda ya fahimci mene ne A, mene ne S. A nan na tafka kuskuren da har gobe in na tuna sai na ji kamar in mari kaina. Na ce bari in yi musu bayani da abin da suka sani.

"Baffa, ka ɗauka sa na ɗauke da wani abu cikin jini, saniya ma na ɗauke da shi. Su biyu lahiyassu lau, suna ci suna sha. Amma in sun haɗu, kowace haihuwa ana iya samun maraƙin da yag gaji abin ta wajje biyu, shi na ka mutuwa. Ba laihin nono ba na. Ba laihin saniya ita ɗai ba na."

Baffa ya shafa gemu.

"In anka canza sa hwa? Anka kawo wanda ba shi ɗauke da abin?"

"Sai maruƙa su zo lahiya, Baffa, dut."

Har daɗi na ji. Na ce a raina, ka ga mai kaifin kai, ya gane tun kafin in gama. Na waiwaya wajen mata ina neman idon Balki don ta ga yadda yayanta ya wanke ta. Ba ni take kallo ba, Manu take kallo, shi kuwa ya sunkuyar da kai yana zane a ƙasa da tsinke. Su biyun sun riga ni gane inda maganar ta dosa.

"To ai wanga ba sabon ilimi ba na," in ji Baffa. "Tun kakanni muna yin shi. Sa da saniyad da ba su haihuwa mai kyau tare, ba a yanka ko guda. Raba su aka yi, kowa shi samu nashi. Balki ɗiyata ta, ba ta da laihi, kowa shi ji, nononta lahiya lau shike. Manu, ka ji abin da malam yac ce. Ka sawwaƙe mata."

"Baffa! Mutane na hwa, ba shanu ba!"

"Kai kak kawo shanu cikin magana, Garba, ba ni ba."

Na ce ga Hajo nan AA, shaida ce cewa suna iya haihuwar lafiyayye. Ya ce uku na ƙasa, ɗaya na bisa, wane makiyayi ne zai yarda da wannan lissafi. Na ce akwai kula da ake yi wa masu ciwon, a kiyaye su daga sanyi da zazzaɓi, wasu suna girma. Ya ce shi ya haƙa kabari uku da hannunsa, ba zai haƙa na huɗu yana sane ba. Babu tsawa a muryarsa, babu mugunta. Abin da ya fi ba ni haushi ke nan, da a ce faɗa ya yi da na san yadda zan yi da shi. Mutumin nan darasina ya ɗauka ya haddace, ya mayar mini da shi daidai. Sai ya juyo ya dube ni.

"Ɗiyata da ka aure kac ce tana ɗauke da abin. To kai hwa? Ina taka?"

Ban san lokacin da hannuna na hagu ya shiga aljihu ba. Na hango Innarku a cikin mata, tana goye da ƙaramarku Hadiza. Na tuna ɗakinmu na Bukkuyum, da ku ukun. Duk wannan bai ɗauki tsawon numfashi biyu ba.

"Tawa ba ta da komi, Baffa."

"Madalla," ya ce. Aka shafa fatiha aka tashi.

Manu ya yi kwana tara bai furta sakin ba. Ya bi shanu daji ya ƙi dawowa, sai da Baffa ya aika ƙannensa suka taho da shi. A wancan zamani, a wannan gida, ɗa ba ya mayar wa uba magana, ballantana maganar da malami ya karanta daga takarda gaban jama'a. Ya sake ta yana kuka kamar yaro, ƙannensa suka ba ni labari. Balki ta gama idda a gidanmu na Anka. Hajo kuwa, tunda dama ba nonon uwa take sha ba, Inna Tumba ta ce babu dalilin ɗaukar ta, aka bar ta a ruga. Ƙanwata ta dawo hannu biyu, babu miji, babu 'ya, amma da suna mai tsabta, wanda ni na wanke mata.

Abin da ya biyo baya shi ne ke sa har yau in na ji ana cewa ilimi kawai mutanenmu suke buƙata sai in yi tsaki. Kafin wata ya zagayo, daga kasuwar Gummi har Anka an san gidan Buba masu jinin S ne. Babu wanda ya san ma'anarsa, amma kowa na faɗa. Matan rugar suka kai nono kasuwa, wasu suka ƙi saye wai kada su ɗauka. Ƙanen Manu da takardarsa ta ce AA, wanda ba ya ɗauke da komai, shi ma aka mayar masa da kayan neman aurensa daga Bukkuyum. Na yi ta yawo a kan babur ina bayani har muryata ta dishe, a banza. Sannan ku ji ƙarshen hankali. Bayan shekara guda aka yi wa Manu sabon aure daga wata ruga. Wa ya kai amaryar gwaji? Babu. Na tambayi Baffa, ya ce ai bare ce, ba jininmu ba, kuma wa zai sake hawa motar nan. Wato gwajin da na sha wahala a kansa sau ɗaya tak aka yi aiki da shi, ranar da aka kashe auren Balki.

Ba zan ɓoye muku ɗaya gefen ba. Balki ta yi shekara shida a gida kafin wani manomi daga Dareta, wanda bai damu da surutu ba, ya aure ta. Ta haifa masa maza biyu, kun san su, ga su nan ƙatti. Mai yiwuwa hukuncin Baffa ya hana a haƙa wani kabarin. Na sha juya wannan a raina. Amma ko da rabuwar ce alheri, su biyun ya kamata su zauna a ɗakinsu su yanke, bayan an gaya musu a asirce, kamar yadda dattijon nan ya ce. Watakila su rabu, watakila su haƙura da Hajo, watakila su ci gaba su dogara ga Allah. Nasu ne. Ni na ɗauke shi daga hannunsu na shimfiɗa a gindin tsamiya.

Ni kuwa da na riƙe nawa auren da ƙarya, ban tsira ba. Shekara biyu bayan haka aka haifi ƙaninku Aminu. Yana wata takwas na dawo daga aiki na tarar da Innarku zaune tana riƙe da hannunsa, ya kumbura kamar an hura. Tana nan a gindin tsamiya ranar da na yi bayanin sa da saniya, kuma ba ta manta ba. Ni da ita mun san cewa in maganar sikila ta fita, mutanen da suka ji na ce tawa ba ta da komai lissafi ɗaya za su yi, su ce ɗan ba nawa ba ne, kuma a kan mutuncinta zai faɗa.

"Malam," ta ce, "sai mu ce ciwon shawara na."

Iyakar abin da ta taɓa faɗa mini ke nan a kan maganar har ta koma ga Allah. Da tana zagina da na fi samun sauƙi. Mun yi ta ɗawainiya da Aminu shekara shida, asibiti, ƙarin jini, rigar sanyi ko da bazara. Ku kuna tuna shi a matsayin yaron da ba a bari ya yi wasan ruwan sama. Aka ce muku shawara ce ta kashe shi. Ba shawara ba ce.

Ranar sadakar ukun Aminu Balki ta zo daga Dareta. Bayan mutane sun ragu, da hantsi, ta same ni a zaure ni kaɗai. Ba ta tsaya a bakin ƙofa ba wannan karon, ta shigo ta zauna a ƙasa ta yi mini ta'aziyya yadda ya kamata. Sannan ta ce,

"Yaya, ni ban yi boko ba, amma na zauna cikin masu ƙirga shanu. Mu sha biyu anka soka wa allura. Takarda sha ɗaya kaɗ ɗaga. Ta kowa ka ɗaga ta bisa, taka kah hwaɗe ta da baki, hannunka cikin aljihu."

Na kasa ɗaga kai. Na ce me ya hana ta faɗa a wurin, ai da kalma ɗaya ta ishe ta.

"In hwaɗi a kashe aure biyu? Guda bai isa ba?" Ta gyara lulluɓinta. "Da sunka ce nono na, magani sunka ba ni, ina sha ina zaune ɗakina. Kai kaz zo kac ce jini na. Jini ba shi da jiƙo, Yaya. Na roƙe ka ka bar ni."

Ta tashi ta shiga wajen Innarku. Ranar ta ci abincin gidana, karo na farko tun daga gindin tsamiya, kuma ba mu sake tayar da maganar ba har ta rasu.

To Kabiru, ka ji mutumin da. Ku yi gwaji, ku yi wa 'ya'yanku tun suna ƙanana, tun kafin wani ya fara kawo kanya a hula. Wanda ya ce na hana, ƙarya yake yi mini. Amma takardar yaron nan tasa ce, shi da Zainabu za su duba ta su biyu, in sun ga dama su zo su gaya maka. Ba ka san abin da ke ciki zai jawo wa ƙannensa mata da ba su san ana yi ba, kuma maƙwabtan da ka tara ba za su mayar maka da abin da suka ji ba. In dai karatu a zaure kake sha'awa, na ba ka aiki. Ka duba bangon baya na littafin nan, akwai wata takarda a ninke, ta yi ja, ninkin ya kusa raba ta huɗu. Ka tara 'yan'uwanka, ka aika a kira Hajo da 'ya'yan Balki na Dareta, su zauna a gaba. Ka ɗaga ta sama kowa ya gani, ka kira sunana, ka karanta da ƙarfi, sau biyu.